Taɓin hankali, magani da mutuncin majinyaci: tambayoyi da amsoshi

A Zamfara, kamar sauran ƙasar Hausa, da wuya a samu dangin da ba su taɓa jinyar wani nasu da hankalinsa ya taɓu ba, ko da kuwa ba sa son a sani. Mafi yawan tambayoyin da iyaye, ma'aurata, malamai da ma'aikatan lafiya ke yi a kan wannan lalura ba na sunan cuta ko yawan ƙwayar magani ba ne. Tambayoyi ne a kan abin da ya halatta a yi wa mutum da abin da bai halatta ba a lokacin da ba ya iya kare kansa. Amsoshin da ke tafe ba fatawa ba ce, kuma ba za su tsaya a madadin ganin likita ba.

Tunda ba a ganin taɓin hankali a gwajin jini ko a hoton asibiti, da wace hujja ake kiransa cuta?

Gaskiya ne cewa mafi yawan cututtukan ƙwaƙwalwa ba su da irin gwajin da ake yi wa zazzaɓin cizon sauro, inda ake ɗiga jini a ga sakamako nan take. Likita yana dogara ne da abin da majinyaci ya faɗa, da abin da danginsa suka gani, da tsawon lokacin da abin ya ɗauka. Wannan ne ya sa wani likitan ƙwaƙwalwa a Amurka, Thomas Szasz, ya fito a shekarar 1961 yana cewa abin da ake kira taɓin hankali matsalolin rayuwa ne kawai, waɗanda al'umma ta laƙaba wa sunan cuta domin ta samu damar tsare mutanen da suka dame ta.

A maganarsa akwai gargaɗin da ya kamata a riƙe, domin duk wanda aka ba ikon sanya wa wani suna an ba shi iko a kan rayuwarsa. Amma wanda ya taɓa zama da ɗan'uwan da ke jin muryoyi suna zaginsa dare da rana, ya daina cin abinci saboda ya sakankance an zuba masa guba, ya rame ya lalace, sannan ya ga yadda ya dawo cikin hayyacinsa bayan 'yan makonni yana shan magani, ba zai yarda cewa babu ciwo a nan ba. Ciwon ɓarin kai ma ba ya fitowa a gwajin jini, kuma babu mai musun cewa ciwo ne. Abin da ake dubawa shi ne wahalar da mutum ke sha, da yadda abin ya hana shi noma, kasuwa, ibada da zama da iyali.

Ra'ayin da ya fi rinjaye a tsakanin likitoci a yau shi ne wanda wani likita a Amurka, George Engel, ya tsara a shekarar 1977, cewa cuta tana tasowa ne daga haɗuwar jiki, tunani da yanayin zaman mutum. Tun kafin shi da shekaru sama da dubu, wani masani Musulmi, Abu Zaid al-Balkhi, wanda ya rasu a shekarar 934 Miladiyya, ya rubuta cewa jiki da rai suna cuɗe da juna, ciwon ɗaya yana taɓa ɗayan, kuma ya nuna damuwarsa da yadda likitocin zamaninsa suka fi mayar da hankali ga jiki. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a shekarar 2019 mutum 1 cikin kowane 8 a duniya yana fama da wata lalura ta wannan fanni, kuma mafi yawansu ba masu yawo a titi ba ne, masu fama da damuwa ne da fargaba a cikin gidajensu.

Wa ke da ikon yanke cewa wane ya taɓu? Ina iyaka tsakanin baƙon hali da cuta?

Wannan ita ce tambayar da ta fi nauyi, domin tarihin wannan fanni na likitanci yana da tabo. A shekarar 1851 wani likita a kudancin Amurka, Samuel Cartwright, ya rubuta cewa gudun da bayi baƙaƙen fata ke yi daga iyayen gijinsu wata cutar hankali ce. A Tarayyar Sobiyet an kulle masu sukar gwamnati a asibitocin ƙwaƙwalwa da sunan jinya. A zamanin mulkin mallaka wasu likitocin Turawa sun rubuta cewa ƙwaƙwalwar ɗan Afirka ba ta kai ta Bature ba, kuma ɗaya daga cikin waɗanda suka rusa wannan ƙarya da ilimi shi ne Farfesa Thomas Adeoye Lambo, likitan ƙwaƙwalwa ɗan Najeriya wanda daga baya ya zama mataimakin babban daraktan Hukumar Lafiya ta Duniya.

Irin wannan zalunci yana iya faruwa a cikin gida ba tare da wata gwamnati ba. Yarinyar da ta ƙi auren da aka yi mata dole tana ta gudu, matar da ta dage sai an ba ta gadonta, saurayin da ya bar sana'ar gidansu ya kama wata hanya, duk ana iya cewa sun taɓu domin a daina sauraren hujjarsu. Saɓa wa dangi ko al'ada ba cuta ba ce. Abin da likita na gari ke nema shi ne canji daga yadda aka san mutum a da, da rabuwa da zahiri, kamar ganin abin da babu ko riƙe zargin da babu hujjar da ke girgiza shi, da kuma lalacewar barci, ci, tsafta da aiki na tsawon lokaci. Haka kuma wajibi ne ya zauna da majinyacin shi kaɗai ya ji ta bakinsa, kada ya tsaya ga labarin waɗanda suka kawo shi, domin wani lokaci mai kawo ƙara shi ne mai amfana da hukuncin.

Ciwon damuwa alama ce ta raunin imani?

A'a. Alƙur'ani ya ba da labarin Annabi Yakubu, aminci ya tabbata a gare shi, wanda idanunsa suka yi fari saboda baƙin cikin rabuwa da ɗansa, ya kuma ce yana kai kukansa da baƙin cikinsa ga Allah ne, kuma babu wanda ya isa ya ce imaninsa ya yi rauni. Al-Balkhi ya raba baƙin ciki gida biyu: wanda ake sanin dalilinsa, kamar rashi ko asara, wanda nasiha da lallashi ke sauƙaƙawa, da wanda ke faɗa wa mutum ba tare da wani dalili ba ya kashe masa jiki da sha'awar komai, wanda ya ce asalinsa daga jiki ne kuma yana buƙatar magani.

Idan aka ce wa mai wannan ciwo ya ƙara tawakkali kawai, an ɗora masa laifi a kan ciwonsa, sai ya koma gida da nauyi biyu. Addu'a, zikiri da karatun Alƙur'ani suna sanyaya zuciya, kuma majinyata da yawa suna samun ƙarfi a cikinsu. Sai dai hadisin da Bukhari ya ruwaito, cewa Allah bai saukar da wata cuta ba face ya saukar mata da magani, bai ware cututtukan ƙwaƙwalwa ba.

Idan muna zargin shafar aljanu ko sammu, malam za mu fara gani ko likita?

Likita ba shi da ma'aunin da zai tabbatar da aljani ko ya kore shi, kuma ba aikinsa ba ne ya raina aƙidar mutanen da suka zo wurinsa. Abin da ya sani shi ne cewa alamomin da jama'a ke dangantawa da iska, irin su surutai, fizge-fizge, faɗuwa da jin muryoyi, suna da sanannun dalilai a jiki, wasu ma na gaggawa ne. Sanƙarau, zazzaɓin da ya hau ƙwaƙwalwa, faɗuwar sukari a jini da buguwa a kai duk suna iya ruɗa mutum cikin sa'o'i, kuma jinkirin kwana biyu yana iya zama ajali. Mai jegon da ta rikice a makonnin farko bayan haihuwa, ta daina barci, tana tsoron jaririnta ko tana maganar da ba a gane kanta, tana fama da cutar da ke samun mace 1 zuwa 2 cikin kowace haihuwa 1,000, wadda ke warkewa da magani, amma tana da hatsari gare ta da jaririn idan aka bar ta. Farfaɗiya kuwa cutar jijiyoyin ƙwaƙwalwa ce, ba a ɗaukarta ta yawu ko ta taɓawa, kuma kusan mutum 7 cikin 10 na iya daina faɗuwa idan suka samu magani daidai.

Saboda haka a fara da asibiti, ruƙiyar da ta dace da shari'a kuma ta tafi tare da magani, babu abin da ya hana. Lambo da kansa, a tsarin da ya fara a ƙauyen Aro kusa da Abeokuta a shekarar 1954, ya zaunar da majinyata a gidajen mutanen ƙauye tare da wani danginsu, ya kuma yi aiki da masu maganin gargajiya, domin ya fahimci cewa ba a warkar da mutum ta hanyar raba shi da duk abin da ya yarda da shi.

Amma akwai iyakar da ba a ƙetarewa. Duk mai maganin da ya doki majinyaci da sunan dukan aljani, ko ya shaƙe shi da hayaƙin barkono, ko ya hana shi abinci, ko ya keɓe da mace ba tare da muharraminta ba, ko ya ce a zubar da maganin asibiti, ya fita daga magani ya shiga cutarwa. Jikin da bulalar ke sauka a kansa na majinyacin ne, shi ne kuma zai kwana da ciwon.

Ɗan'uwanmu yana duka yana fashe-fashe. Laifi ne mu ɗaure shi?

Ya kamata a fara da yi wa dangi adalci. Mafi yawan waɗanda suka sa ɗansu a mari ko a turu ba mugunta ce ta sa su ba, tsoro ne da rashin mafita. Asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da mutanen wannan yanki suka fi sani yana Kware a Jihar Sakkwato, tafiya ce mai nisa daga Tsafe ko Ɗansadau, hanyar ba lafiya, kuɗin mota da na magani sun fi ƙarfin manomin da bai samu shiga gonarsa ba. Uwar da ta ɗaure ɗanta don kada ya faɗa rijiya tana yin abin da take ganin shi ne ceto.

Duk da haka dole a bambanta abu biyu. Riƙe mutum na ɗan lokaci a daidai sa'ar da yake shirin raunata kansa ko wani, har a kai shi ga magani, lalura ce da hankali da shari'a suka yarda da ita. Ɗaure shi wata da watanni a zaure ko a bayan gida, yana kwana cikin ƙazantarsa, ƙarfe yana cin ƙafarsa, wannan azaba ce, kuma ba ta taɓa warkar da kowa ba. Tana ƙara firgici, tana sa ƙafafu su shanye, tana koya wa mutum cewa danginsa abokan gaba ne. A watan Satumba na 2019 'yan sanda sun fitar da mutane sama da 300 daga wani gida a Rigasa ta Kaduna, da yawansu da mari a ƙafa, aka kuma samu irinsa a Daura wata guda bayan haka. A watan Nuwamba na shekarar ƙungiyar Human Rights Watch ta fitar da rahoton da ya nuna cewa ɗaurin bai tsaya ga gidajen mari ba, ana yin sa a wuraren ibada na addinai daban-daban, har ma da wasu cibiyoyin gwamnati. Dokar lafiyar ƙwaƙwalwa ta ƙasa, wadda shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Janairu na 2023, ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958 da aka gada daga Turawa, ta kuma hana irin wannan ɗauri.

Allah ya ce ya karrama 'yan Adam, kuma ayar ba ta gindaya sharaɗin cikar hankali ba. Ya kamata kuma a sani cewa mafi yawan masu taɓin hankali ba sa cutar da kowa, su aka fi cutarwa.

Ya ce lafiyarsa ƙalau, ya ƙi asibiti. Za mu iya tilasta masa, ko mu ɓoye masa magani a abinci?

A nan ne ƙa'idoji biyu masu kyau ke karo da juna: haƙƙin mutum na yanke wa kansa shawara a kan jikinsa, da wajibcin ceton wanda ke halaka. Masanin falsafa na Ingila John Stuart Mill ya rubuta a shekarar 1859 cewa ba a tauye 'yancin baligi sai don hana shi cutar da wasu, amma shi ma ya ce maganarsa ta shafi wanda tunaninsa ya cika ne. Matsalar wasu cututtukan ƙwaƙwalwa ita ce suna taɓa ainihin abin da mutum zai gane da shi cewa ba shi da lafiya.

Abin da ya kamata a fahimta shi ne cewa samun cutar ba ya nufin mutum ya rasa ikon yanke shawara gaba ɗaya. Ana duba kowace shawara ne ita kaɗai: ya fahimci bayanin da aka yi masa, ya iya riƙe shi, ya iya auna amfani da illa, ya iya faɗin abin da ya zaɓa? Mai ciwon damuwa da ya ce ba ya son ƙwaya, ya fi son zaman tattaunawa da ƙwararre, yana da wannan haƙƙi ko da dangi ba su ji daɗi ba. Kwantar da mutum ba da yardarsa ba yana halatta ne kawai idan cutar ta yi tsanani, akwai hatsari na gaske gare shi ko ga wasu, babu wata hanya mafi sauƙi, likita ne ya duba ya yanke, kuma ana sake duba hukuncin lokaci zuwa lokaci. Akwai masu ganin ko wannan ma ya yi yawa, suna kafa hujja da yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 2006 kan haƙƙin masu buƙata ta musamman, wadda Najeriya ta amince da ita a 2010. Ni dai ina ganin barin mutum ya mutu da yunwa saboda yana zargin guba ba girmama 'yancinsa ba ne, amma ina tare da su a kan cewa tilas ta zama ta ƙarshe, ta kuma zama gajera.

Ɓoye magani a cikin fura ko shayi abu ne da dangi ke yi da kyakkyawar niyya, amma yana da hatsari biyu. Ba a sanin adadin da ya shiga cikinsa, kuma ranar da ya gano, zargin da cutar ke raya masa cewa ana zuba masa wani abu a abinci ya tabbata, daga nan ba zai ƙara yarda da kowa ba. Kada a yi haka sai da sanin likita. Abin da ya fi shi ne a zauna da majinyaci a lokacin da yake cikin sauƙi, a tambaye shi wa yake so ya tsaya masa idan ciwon ya tashi, wane asibiti yake so, wane magani ne ya taɓa wahalar da shi, a rubuta a ajiye.

Idan mai taɓin hankali ya aikata laifi, ana kama shi da shi?

Hadisi ya tabbatar da cewa an ɗauke alƙalami daga mutum uku: mai barci har ya farka, yaro har ya balaga, da wanda hankalinsa ya gushe har ya dawo. Sashe na 51 na kundin dokokin laifuffuka na Arewa, wato Penal Code, ma ya ce ba laifi ba ne abin da mutum ya aikata a lokacin da rashin lafiyar hankali ta hana shi sanin haƙiƙanin abin da yake yi, ko sanin cewa kuskure ne ko ya saɓa wa doka. A lura da kalmar lokaci. Ba katin asibiti ake tambaya ba, halin da yake ciki a sa'ar aikatawa ake tambaya, shi ya sa malaman fiƙihu suka ce mai ciwon da ke zuwa yana tafiya ana kama shi da abin da ya yi a lokacin da yake cikin hayyacinsa. Ɗauke hukunci kuma ba ya share haƙƙin wanda aka yi wa ɓarna, domin ana biyan abin da ya lalata daga dukiyarsa.

Abin da ba shi da wata hujja shi ne taron dangi a kan mutumin da aka ji yana faɗin maganar da ba ta dace ba a kasuwa ko a tasha, ba tare da an tsaya an san ko yana cikin hankalinsa ba.

Wanda ya yi yunƙurin kashe kansa fa?

Sashe na 231 na Penal Code ya tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 1, ko biyan tara, ga wanda ya yi yunƙurin, kuma likitocin ƙwaƙwalwa na Najeriya sun daɗe suna neman a cire wannan hukunci, saboda yana sa dangi su ɓoye mutum maimakon su kai shi asibiti. Haramcin kashe kai a addini a fili yake, amma haramcin aiki ba ya hana jin ƙan wanda ciwo ya kai shi bakinsa. Wanda ya ce ya gaji da rayuwa a ɗauki maganarsa da gaske, a tambaye shi kai tsaye cikin natsuwa, domin tambayar ba ta cusa wa mutum tunanin da ba shi da shi. Kada a bar shi shi kaɗai, a kawar da maganin ƙwari da na ɓera da makami daga inda hannunsa zai kai, a kuma kai shi asibiti a ranar.

Dole ne a faɗa wa mai neman aure cewa yarinya ko yaro ya taɓa yin ciwon?

Sirrin majinyaci amana ce a wuyan likita da ma'aikacin jinya, ba su da ikon faɗa wa surukai, maƙwabta ko shugaban wurin aiki ba da izininsa ba, sai in akwai barazana bayyananniya ga ran wani. Amma tsakanin masu shirin aure hukuncin daban ne. A mazhabar Malikiyya hauka na cikin aibobin da ke ba miji ko mata zaɓin warware aure idan an ɓoye su, don haka ɓoye ciwo mai tsanani da ke dawowa yaudara ce, kuma sau da yawa matar ce ke biyan kuɗin wannan yaudara, domin tsoron kada miji ya ga ƙwaya yana sa ta daina sha, ciwon ya tashi a gidan da babu wanda ya san yadda zai taimaka mata.

Wannan ba ya nufin a tona duk wata damuwa da mutum ya taɓa shiga ya fita shekaru da suka wuce. Ba ya kuma nufin mai ciwon ba ya aure. Da yawa suna shan maganinsu, suna riƙe da gidajensu, suna tarbiyyar 'ya'yansu. Gado yana da hannu a wasu cututtukan, amma yana ƙara yiwuwa ne kawai, kuma mafi yawan 'ya'yan masu ciwon ba sa kamuwa. Kuskure na ɗaya gefen shi ne aurar da mara lafiya da fatan aure zai warkar da shi. Aure ba magani ba ne, kuma yarinyar da aka kai ba tare da an gaya mata gaskiya ba an zalunce ta.

Wa ke riƙe dukiyarsa da gadonsa?

Ciwon ba ya hana gado kuma ba ya fitar da dukiya daga mallakar mai ita. Waliyyi mai riƙon amana ne. Aya ta 5 a Suratun Nisa'i ta yi umarni a ciyar da waɗanda ba sa iya sarrafa dukiya daga cikinta, a tufatar da su, a kuma gaya musu magana mai daɗi. Wanda ya sayar da gonar ƙaninsa mara lafiya ya ci kuɗin, ya bar shi ba magani, ya ci amana. Idan sauƙi ya samu, a mayar masa da abinsa.

Waɗanda suka fito daga hannun 'yan bindiga, ko aka ƙona ƙauyensu, marasa lafiya ne ko kuwa abin da suka gani ne ya fi ƙarfinsu?

Babu tambayar da ta fi shafar Zamfara a yau kamar wannan. Macen da ta kwana a daji wata biyu ana jiran kuɗin fansa, yaron da aka kashe mahaifinsa a gabansa a wani ƙauyen Zurmi ko Maru, ɗaliban makarantar Jangebe da aka kwashe a watan Fabrairu na 2021, idan waɗannan suka kasa barci, suna zabura da ƙarar babur, ba za a ce tunaninsu ya karkace ba, domin tsoronsu yana da tushe. Da yawa suna farfaɗowa da kansu idan suka samu aminci, abinci, matsuguni da dangin da suka karɓe su ba tare da tsangwama ba. Wasu kuwa abin yana zama musu ciwo, watanni suna wucewa amma lamarin yana dawo musu a farke da a mafarki kamar yanzu yake faruwa, suna guje wa mutane, suna kasa aiki. Waɗannan suna buƙatar ƙwararre, kuma akwai hanyoyin jinya da ke taimakawa.

Hatsarin da ke nan shi ne a mayar da zalunci ya zama matsalar ƙwaƙwalwar wanda aka zalunta, a miƙa wa ɗan gudun hijira ƙwayar barci alhali abin da ya hana shi barci shi ne gonarsa da ba ya iya zuwa da 'ya'yansa da ke kwana da yunwa a kangon gini a Gusau. Likita yana da aikinsa, amma ba zai ɗauke wa hukuma nata ba. Matan da aka ci zarafinsu a daji kuwa, yadda miji da dangi suka karɓe su yana cikin manyan abubuwan da ke sa su warke ko su ƙara nutsewa.

Gubar dalma da ta ɓulla a ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum a shekarar 2010, wadda ta kashe yara sama da 400, ta koyar da abu makamancin wannan. Dalma tana lalata ƙwaƙwalwar yaro, kuma wasu daga cikin waɗanda suka rayu sun tashi da raunin fahimta. Kafin a kira irin wannan matashi dolo ko mara ji, a tuna da ƙurar dalmar da ya shaƙa yana rarrafe.

Shaye-shaye cuta ce ko zaɓi?

Farkonsa zaɓi ne, ko da yake sau da yawa zaɓin yaro ne da abokai suka ja, ko na lebura mai neman ƙarfin aiki da tiramadol. Bayan an daɗe, ƙwayar tana canza yadda ƙwaƙwalwa ke aiki har bari ya zama da wuya ƙwarai, jiki yana ciwo idan babu ita. Saboda haka mutum yana da alhakin neman magani da riƙe shi, al'umma kuma tana da alhakin samar masa da inda zai nema. Binciken ƙasa na 2018 ya ƙiyasta cewa mutum miliyan 14.3 a Najeriya sun yi amfani da miyagun ƙwayoyi a shekarar da ta gabace shi, kuma a shekarar 2018 ɗin ce gwamnati ta hana maganin tari mai kodin. Adadi irin wannan ya fi ƙarfin bulala da mari. Ya kamata kuma a daina ɗauka cewa duk saurayin da ya taɓu shaye-shaye ne ya jawo masa, domin da yawa ba su taɓa sha ba, wasu kuma ciwon ne ya riga ƙwayar.

Maganin asibiti yana sa mutum ya sandare yana dalalar da yawu. Wannan ba wata cutar ba ce?

Ƙorafi ne na gaskiya. Tsofaffin magunguna irin su chlorpromazine, wanda aka fara amfani da shi a Faransa a 1952, da haloperidol, suna iya kawo sandarewar jiki, karkarwa, nauyin harshe da yawan barci, sababbin kuma wasunsu suna sa ƙiba da hawan sukari. Haƙƙin majinyaci ne a gaya masa wannan tun farko, kuma idan ya ce maganin yana wahalar da shi a saurare shi, domin ana iya rage yawansa ko a canza wani. Abin da ba a so shi ne a daina sha kwatsam ba da shawarar likita ba, ko a riƙa sayen allura a kemis ana yi masa duk lokacin da ya dami gida. Manufar magani ita ce mutum ya koma gonarsa, shagonsa ko makarantarsa. Idan abin da aka samu kawai shi ne ya yi shiru yana kwance, an sauƙaƙa wa masu jinya ne, shi ba a gama masa aiki ba.

Waɗanda ke yawo a tasha da bakin kasuwa ba kowa nasu, alhakin wa ne?

Kowane ɗayansu ɗan wani gida ne, kuma Hausawa sun ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Amma akwai dangin da jinya ta cinye su, akwai waɗanda rikici ya tarwatsa, don haka nauyin yana komawa kan jama'a a matsayin farilla ta kifaya, da kuma kan hukuma. Malaman usulu sun lissafa kiyaye hankali cikin abubuwa biyar da shari'a ta zo don karewa, tare da addini, rai, zuriya da dukiya, kuma asibitocin Musulmi na da, irin wanda Sarki Ƙalawun ya gina a Alƙahira a 1284 da dukiyar waƙafi, suna karɓar masu taɓin hankali kyauta. Babu abin da ya hana hukumar zakka da masu hali a Gusau, Ƙauran Namoda ko Talatar Mafara su ware wani kaso don sayen maganin wata-wata ga waɗanda ba su da shi.

Likitocin ƙwaƙwalwa a Najeriya 'yan ɗaruruwa ne ga mutane sama da miliyan 200, kuma mafi yawansu suna manyan birane. Shi ya sa Hukumar Lafiya ta Duniya ta fito da wani shiri a 2008 na horar da ma'aikatan ƙananan asibitoci su gane ciwon damuwa, farfaɗiya da rikicewar tunani, su fara magani, su tura abin da ya fi ƙarfinsu gaba. Wannan ne ya dace da jiha irin tamu, inda asibitin sha-ka-tafi ya fi kusa da mutane fiye da Kware. Kafin a kai can, mai unguwa da limami suna iya bincika asalin mutumin da ke kwana a bakin kasuwarsu, a nemo danginsa, a hana yara jifansa da ɗaukarsa a waya ana yaɗawa, a tsare matan cikinsu daga masu lalata da su, sannan a haɗa kuɗin mota wani ya raka shi Cibiyar Kiwon Lafiya ta Tarayya ko Asibitin Ƙwararru na Yariman Bakura a Gusau, inda za a duba shi a kuma tura shi gaba idan akwai buƙata.